Kada Mu Dafa Tuwo Da Tarihinmu

 Yau ba farashin tattasai ko na banda za mu tattauna ba, duk da mun san can hankalin da yawa daga cikinmu yake. Wata magana ce ta taso mana a gidan rediyo, wadda muka fara da wasa amma ta bar mu da tagumi, shi ya sa muka ga ya dace mu kawo ta nan, domin wanda bai saurara ba ya karanta, wanda kuma bai yi boko ba ɗansa ya karanta masa a rumfa.

A wani shiri da muke gabatarwa da dare, mun jefa wa masu saurare wata tambaya ta raha. Muka ce a ƙaddara akwai wani ganye da ake aunawa a tiya kamar zoɓorodo, wanda aikinsa shi ne shan zamani yadda auduga ke shan mai. In aka ajiye shi a wuri sai ya tsotse duk abin da ya faru a shekarar, ranar da aka jiƙa shi kuma sai shekarar ta dawo wa mutum ɗanya shar. To wace shekara za ku saya? Nan fa waya ta yi ta ƙara. Wani dillalin tattasai ya ce a ba shi kowace shekara kafin 2015, lokacin da manyan motoci ke jeruwa ana lodin buhuna zuwa Nijeriya. Wani dattijo ya ce shi zamanin da ruwan Tafkin Chadi ke bakin garin Gigimi yake so ya sake gani. Wata baiwar Allah kuwa ta ce a ba ta shekarar da suka baro ƙauyensu, ba don daɗin shekarar ba, sai don ta ƙara ganin ƙofar gidansu.

Muna shirin rufe fili sai wata tsohuwa mai sayar da tsamiya da garin kuka ta bugo. Ta ce, “Ɗana, abin nan da kake tambaya ai ba tatsuniya ba ne. Akwai shi, kullum ana shigo da shi gari a amalanke, kuna saye kuna dafa tuwo da shi.” Muka ce, “Inna, wane abu ke nan?” Ta ce, “Tsohon itace. Duk abin da ya wuce a bakin Komadugu yana jikinsa, ku ne dai ba ku iya karanta shi ba.” Daga nan ta kashe wayarta.

Tun daga daren nan maganar take yi mana yawo a ka, kuma da muka bi diddiginta sai muka tarar Inna ta fi mu gaskiya, har ma ilimin zamani yana bayanta. Duk wanda ya taɓa ganin gungumen da aka yanke da zarto ya ga wasu layuka zagaye-zagaye a cikinsa kamar ɗinkin faifai. A itatuwa da dama kowane zagaye shekara ɗaya ce, domin itace na yin ƙiba da damina, ya tsaya da rani. Shekarar da aka samu ruwa zagayen kan yi faɗi, shekarar fari kuma ya tsuke. Ke nan wanda ya iya ƙirga zai nuna maka da yatsa inda farin 1973 ya matse itacen, da inda na 1984 ya sake matse shi.

Bayan wannan akwai wani abin da ya fi ban mamaki. Duk tsiro mai rai yana shaƙar wani sinadari daga iska da ake kira karbon, a cikinsa kuma akwai wani ɗan kaso da masana ke kira karbon-14. Ranar da itace ya mutu sai ya daina sha, wanda ke jikinsa kuma ya fara raguwa sannu a hankali, rabinsa na tafiya a duk shekara 5,730. Misalinsa kamar randa ce mai yoyo wadda aka san yawan ɗigarta: in ka leƙa ka ga inda ruwan ya tsaya, ka san tun yaushe aka cika ta. Wani Ba'amurke mai suna Willard Libby ne ya gano wannan awo, har aka ba shi kyautar Nobel a 1960. Da irin wannan awo aka gano cewa akwai kukoki a kudancin Afirka da suka haura shekara 2,000 a tsaye.

Kada wani ya ce wannan labarin ƙasashen nesa ne. A 1987, a ƙauyen Dufuna da ke Jihar Yobe ta yanzu, kusa da Komadugu Gana, ɗaya daga cikin rassan wannan kogi namu, wani makiyayi Bafulatani yana haƙa rijiya sai ya ci karo da katako a zurfin kusan mita 5. Da masana daga Jami'ar Maiduguri da takwarorinsu na Jamus suka tono shi a 1994, sai ga kwalekwale ne mai tsawon fiye da mita 8, wanda aka sassaƙa daga gungume ɗaya. Awo ya nuna ya kai shekara 8,000, kuma shi ne jirgin ruwa mafi tsufa da aka taɓa samu a duk nahiyar Afirka. Yanzu yana ajiye a Damaturu. Babu takarda, babu maroƙi, babu tsohon da ya riƙe labarin mutanen da suka sassaƙa shi, amma itacen ya riƙe. Shi ya shaida mana cewa tun kafin a gina Birnin Gazargamu da dubban shekaru, akwai masunta da masassaƙa a wannan kwari, kuma ƙasar da muke gani yau da rairayi da ƙaya ta taɓa zama ƙasar ruwa da manyan itatuwa.

Mu nan Nijar ma muna da namu darasin. Waɗanda suka je Yamai suka shiga gidan tarihi na ƙasa sun ga busasshen itacen Tenere a ajiye cikin rumfa. Itacen ƙaya ne guda ɗaya tilo da ya tsaya a tsakiyar hamada, a kan hanyar ayarin gishiri tsakanin Agadas da Bilma, babu wani itace kusa da shi sai an yi tafiya mai nisa. Shi ne ragowar wani daji da ya ƙare tun da daɗewa. Da aka haƙa rijiya a gefensa an tarar saiwarsa ta nutsa fiye da mita 30 tana neman ruwa. Madugai sun daɗe suna wucewa ta gindinsa ba su karya reshensa sun dafa shayi ba, domin sun san shi ne alamar hanya. A 1973 wani direban babbar mota ya banke shi. Yau ƙarfe aka kafa a gurbinsa, kuma kowa ya san ƙarfe ba ya neman ruwa, balle ya nuna wa wani inda ruwan yake.

To me tsofaffin itatuwan bakin Komadugu suka riƙe mana, mu da ba mu da na'urar awo?

Abu na farko, sun riƙe labarin ruwa. Bayan farin shekarun 1970 da na 1980, da kuma gina madatsar Tiga a 1974 da ta Challawa a 1992 a can Jihar Kano, inda ruwan kogin nan ke tasowa, Komadugu ya daɗe yana zuwa a rame. Shi kansa Tafkin Chadi, wanda a 1963 ya kai faɗin murabba'in kilomita 25,000, ya janye har ya bar Gigimi a kan tudu, kafin daga baya ruwa ya ɗan dawo. Yaran da aka haifa a wancan tsakani sun tashi suna ganin kogi ƙarami, suka ɗauka iyakarsa ke nan, aka yi ta gini da kafa rumfuna a cikin kwari. Amma giyayya da bagaruwa ba su manta ba. Duk manomi ya san inda ka ga giyayya ta yi yawa, wuri ne da ruwa ke kwanciya, ko da yau ƙura ce ke tashi a wurin. Da ambaliyar 2019 da ta 2022 suka zo, ruwa bai tambayi kowa hanya ba, tsohon gidansa ya koma, kuma dukanmu mun ga asarar gidaje da gonakin tattasai da shinkafa da aka yi. Abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba, kuma a bakin kogin nan babu babban da ya kai itace.

Abu na biyu, sun riƙe iyaka. Iyayenmu ba su san takardar fili ba. In ka tambayi tsoho iyakar gonarsa, zai ce maka daga tsamiyar nan zuwa goribar can, ka gangara har kanyar bakin ruwa. Tun daga harin Bosso da Diffa na ranar 6 ga Fabrairun 2015, da kwashe mutanen tsibiran tafki a watan Mayun shekarar, da harin Bosso na Yunin 2016, dubban ɗaruruwan mutane suka bar garuruwansu, da yawa suka yi sansani a gefen babbar hanyar kwalta. A Yunin 2021 an fara mayar da wasu gida, aka soma da Baruwa. To wanda ya yi shekara biyar ko goma bai ga ƙauyensu ba, da me zai gane gonar ubansa? Katangar ƙasa damina kaɗan ke narkar da ita, zana kuma gara ta cinye. Tsofaffin da suka san iyaka da yawansu sun rasu a gudun hijira. Shaidar da ta rage ita ce itace. Ranar da aka sare shi, ranar aka shuka rigimar da za ta kai ƴan'uwa gaban mai gari ko gaban alƙali, wani lokaci ma har a zub da jini tsakanin manomi da makiyayi a kan burtali.

Abu na uku, sun riƙe dabarar tsira daga yunwa. A ƙasar Hausa har suna ake sa wa shekarun wahala, irin su Kakalaba ta 1913 zuwa 1914 da El-Buhari ta 1984, don kada a manta. Ku tambayi kakanninmu mata abin da ya riƙe gidaje a irin waɗannan shekaru. Za su lissafa muku aduwa da ganyenta, da goriba, da magarya, da kurna, da anza wadda sai an jiƙa ta kwanaki ana sauya ruwa kafin ɗacinta ya fita. Wannan ilimi ba a lakwal ake koyar da shi ba. A gindin itacen uwa ke nuna wa ɗiyarta. In babu itacen, babu wurin karatun, kuma yarinyar da ta tashi a sansani ba ta taɓa ganin anza a tsaye ba, ranar da rumbu ya ƙare ba ta san inda za ta dosa ba.

Yanzu bari mu zo inda maganar ta shafe mu kai tsaye. Wa ke sare itatuwan nan? Mai gatari kowa ya gan shi, amma mai gatari ɗan aike ne. Wanda ya aike shi yana cikin kasuwa, kuma mu ne. Mai tuwo-tuwo, mai ƙosai, mai shayi, mai tsire, mai gidan burodi, mai banda kifi, da uwargida a gida, kowannenmu wuta yake nema, kuma kowa ya fi son itace mai nauyi da gawayi mai daɗewa, wanda ba ya fitowa sai daga tsohon itace. Tunda jama'a suka taru a Diffa da garuruwan bakin kwalta, murahu suka ninka, dajin kuwa bai ninka ba. Duk mai sayen itace ya san masu amalanke sai ƙara nisa suke yi kafin su cika kaya.

Ba mu rubuta wannan don mu ɗora laifi a kan ɗan gudun hijira ba. Mutumin da aka raba da gonarsa da komarsa, aka hana babur a ƙarƙashin dokar ta-ɓaci, aka rufe cinikin tattasai har zuwa 2017, na kifi har zuwa 2019, in ya ɗauki gatari don ƴaƴansa su ci, ba mai ƙoshi ne zai yi masa wa'azi ba. Haka mai ƙosan da ribarta ba ta wuce ta cefane ba, in ta ce mana, “To da me zan soya?” tambayarta na kan hanya. Sai dai muna roƙon mu yi lissafi irin namu na kasuwa. Kowace ƴar kasuwa ta san bambancin uwar kuɗi da riba, kuma ta san wadda ta fara cin uwar kuɗi ta kusa naɗe tabarmarta. Tsamiya a tsaye uwar kuɗi ce, duk shekara tana ba da ƴaƴan da ake aunawa a tiya. Goriba na ba da ƴaƴa, tana ba da kabar da ake saƙa tabarma da igiya da faifai. Bagaruwa na ciyar da majema. Dakwara na ba da ƙaro, wanda jiharmu ta yi suna da shi. Gawo na ba dabbobi abinci da rani, ya kuma taki gona. In aka sare su, kuɗin amalanke ɗaya ko biyu za a samu, a cinye cikin mako, alhali itacen ya fi kakan mai gatarin shekaru. Mai sayar da gawayin tsamiya da mai sayar da ƴaƴan tsamiya a layi ɗaya suke zaune a kasuwa, amma ɗaya na cin jarin ɗaya ba tare da sun sani ba.

Magabata sun fahimci haka. Har yau ana ba da labarin yadda Sarkin Damagaram Tanimu, a ƙarni na 19, ya kafa hukunci mai tsanani a kan duk wanda ya sare gawo. A zamaninmu kuma manoman Maradi da Damagaram sun nuna ana iya gyara ba tare da jiran kowa ba. Tun daga shekarun 1980 suka rungumi sassaben zamani, wato in an zo sharar gona a bar tohon da ke fitowa daga tsofaffin kututture, a rage masa rassa, a bar mai ƙarfi ya girma. Da wannan dabara aka farfaɗo da itatuwa kimanin miliyan 200 a fili mai faɗin eka miliyan 5 irin ta awon hekta. Abin lura shi ne, yawancinsu ba dasa su aka yi ba. Saiwar tana nan da ranta a ƙarƙashin ƙasa, dama kawai take jira. Tun 1975 muke dasa itatuwa a ranar 3 ga Agusta, abu ne mai kyau, amma kowa ya san nawa ne ke kaiwa baɗi. Tsohon itace guda da aka bari a tsaye ya fi ɗari da aka dasa aka ɗauki hoto aka watse.

Saboda haka muna da kira guda huɗu, kuma babu wanda ya fi ƙarfinmu a ciki.

Na farko, ga masu sarin itace da gawayi da masu saye da yawa. Duk mai wannan sana'a da ganin ɓawo ya san ko wane itace ne. Mu haɗa baki a ƙungiyance mu daina karɓar ɗanyen gungumen tsamiya, da kanya, da gawo, da giyayya, da goriba. Busasshen reshe da sassabe babu laifi. Ranar da mai gatari ya kawo gungume sau biyu aka ƙi saye, ba zai kawo na uku ba. Ga kuma baƙuwar ƙayar nan da masana ke kira Prosopis, wadda ta mamaye tsohon gurbin tafki wajen Gigimi da Bosso har ta zame wa manoma da masunta alaƙaƙai. Tana saurin girma, in an sare ta tana sake tohowa, kuma tana yin gawayi. Inda tsaro ya ba da hali, ita ya kamata gatari ya nufa.

Na biyu, ga iyayenmu mata masu sana'ar wuta. Murhun duwatsu uku rabin wutarsa iska yake dafawa. Murhun ƙarfe irin Mai Sauƙi ko na laka mai kewaye yana rage cin itace, kuma maƙeranmu sun iya ƙera shi. Yadda ake adashen kayan ɗaki, ana iya yin adashen murhu ko na tukunyar gas, wannan mako a saya wa wance, mako mai zuwa a saya wa wance.

Na uku, ga hukuma. Man Agadem daga cikin jihar Diffa yake fitowa, kuma tun 2011 ake tace shi a matatar SORAZ kusa da Damagaram, inda ake samun har da iskar gas ta girki. Bai dace a ce jihar da ke ba ƙasa mai ita ce matanta ke ƙona tsamiyar kakanninsu don dafa abinci ba. A sauƙaƙa wa masu sana'ar abinci hanyar mallakar tukunyar gas, a kuma tabbatar ana samun ta ba yankewa. Dokar daji ta 2004 ta tanadi kariya ga wasu itatuwa, to a bayyana wa jama'a su da Kanuri da Hausa da Fulatanci da Tubanci da Larabci, kafin a zo maganar tara. Su kuma kwamitocin filaye da aka kafa a ƙarƙashin dokar karkara ta 1993, su rubuta itatuwan iyaka tun masu shaida na da rai.

Na huɗu, ga ɗalibanmu, musamman na Jami'ar Diffa da aka kafa a 2014. Kusan kowa na da waya mai ɗaukar murya da hoto. Ku zauna da tsofaffin da ke sansanoni da unguwanni, ku tambaye su sunan kowane babban itace na ƙauyensu, da abin da ya faru a gindinsa, da inda ruwa ya kai a jikinsa a shekarar babbar ambaliya. Mu a namu ɓangare ƙofar shirinmu a buɗe take ga duk wanda ya kawo irin wannan labari.

Hausawa na cewa waiwaye adon tafiya, amma sai da abin da za a waiwaya a gani. Gobe in Allah Ya kai mu, amalanke zai tsaya a bakin rumfarki, Hajiya, ko a ƙofar shagonka, Alhaji. Kafin a fara ciniki, a ɗaga gungumen a dubi ɓawonsa, a tambayi yaron inda ya saro shi. In tsohuwar tsamiya ce, a tuna wataƙila ita ce iyakar gonar wata marainiya da ke zaune a bakin kwalta tana jiran ranar komawa gida.

Ita kuma Inna mai tsamiya da ta bugo mana waya, in wannan ya iso gare ta, muna gaishe ta, mun ji kuma mun isar. Allah Ya zaunar da jiharmu da ƙasarmu lafiya, Ya mayar da kowa gidansa, Ya sa albarka a kasuwa.